Takardar lab ta ce staf, ni kuma na kusa illata kaina da magani

Ranar da na karɓo rizal ɗin nan ko gida ban bari na kai ba, a cikin adaidaita sahu na yage ambulan ɗin. Takarda ce ƙwaya ɗaya, rabi bugun kwamfuta rabi rubutun biro, a sama an rubuta HVS M/C/S, ƙasa kuma layuka ne da alamar tarawa, wani ɗaya wani biyu wani uku, sai can tsakiya wani dogon suna da aka ja wa layi da jan biro, Staphylococcus aureus. Wallahi sai da na ji cikina ya kaɗa. Duk wadda ke zaune a Kano ta san sunan nan, ko ba ta taɓa taka ƙofar lab ba ta ji shi a bakin masu motar lasifika a bakin kasuwa, suna ta lissafo ɓarnar staf, wai hana haihuwa, wai yawon tsutsa a jiki, wai zafin ciki da ciwon baya, har da kashe wa maigida ƙarfi. Kafin mu kai shataletale na gama yanke wa kaina hukunci, nace shikenan abin da ya hana ni samun ciki na uku kenan.

Abin da ya kai ni tun farko ba wani babban ciwo ba ne. Farin ruwa ne tsararo, ba fari tas ba, kamar ruwan toka-toka haka, sai ƙarni irin na ɗanyen kifi da yake tashi musamman in na gama al'ada ko bayan mun kwanta da maigida. Babu ƙaiƙayi, babu zafi. Ƙarnin ne kawai ya hana ni sukuni, in ina zaune cikin mata a gidan biki sai in riƙa matse ƙafa ina ganin kamar kowa na ji. Kuma kin san halinmu, kunyar zuwa gaban likita a faɗi irin wannan magana, sai na yi abin da yawancinmu ke yi, na wuce lab kai tsaye nace a yi min gwajin infekshan. Wata sista ta shigar da ni bayan labule, ta zura 'yar sanda mai auduga a kai, minti biyu an gama, tace in dawo bayan kwana uku.

Ina isa gida na ɗauki hoton takardar na tura gurup ɗinmu na WhatsApp. Kuskure na biyu kenan, bayan na wucewa lab ban ga likita ba. Cikin rabin awa na samu likitoci sun fi ashirin. Wata tace bayan gidan makarantar da nake koyarwa ne, wata tace a'a maigida ne ya kwaso, wata Anti tace staf ba ya jin maganin asibiti sai na gargajiya, ta turo min lambar mai jarka. Mai kemis ɗin layinmu shi kuma ya duba ƙasan takardar inda aka jera sunayen magunguna, duk wanda ya ga S a gabansa ya haɗa min, allura kwana biyar da ƙwayoyi na kwana goma. Na sha, na kuma sayi jarkar don kar a bar ƙofa. Kuɗin da na kashe a wata ɗaya ya isa cefanen gidanmu na sati biyu.

Sati biyu da gama maganin sai ga abin da ban taɓa gani ba. Ƙaiƙayi kamar in cire fatar, da daddare ba barci, ga wani farin abu mai kauri gudaji-gudaji kamar awarar da ba ta gama haɗuwa ba, fitsari in ya taɓa wurin kamar an zuba barkono. Ƙarnin da na je nema wa magani kuma yana nan daram. Garin neman gira na kusa rasa ido.

Yayata ce ta gaji da kukana ta sa ni a gaba har asibiti wajen likitar mata. Na miƙa mata takardar ina jiran ta zaro ido, sai ta ɗan duba ta kife ta a kan tebur. Tace Hajiya bar wannan tukuna, faɗa min me kike gani, wane kala, yana wari, tun yaushe, me kike tsarki da shi, me kike sakawa a ciki, me kika sha. Sai da muka yi kusan minti goma sha biyar kafin ta sake ɗaga takardar. Da na lissafo mata alluran da ƙwayoyin sai ta girgiza kai tace, ai ke kin kori masu gadin gidan ne da hannunki.

To daga nan ne na fara gane yadda ake karanta abin nan, kuma tun daga lokacin na maida hankali na bibiyi maganar sosai, don na ji haushin kaina ba kaɗan ba.

Abu na farko, gaban mace ba wuri ba ne da babu ƙwayoyin halitta. Cike yake da su, kuma haka Allah Ya yi shi. Mafi yawa a jikin mace mai lafiya su ne Lactobacillus, dangin waɗanda ke tsinka madara ta zama kindirmo, wani likitan Jamus Albert Döderlein ne ya fara bayaninsu tun 1892. Aikinsu su riƙa sa wurin tsami-tsami, a ma'aunin tsami da ake kira pH tsakanin 3.8 zuwa 4.5, kuma wannan tsamin shi ke hana sauran ƙwayoyin yin yawa. Su ne masu gadin da likita take nufi. Saboda haka in an goga auduga aka kai lab, dole wani abu ya bayyana, tambayar ita ce wanne ne, nawa ne, kuma ya dace da abin da matar take ji ko bai dace ba.

Haruffan nan na sama kuwa, HVS na nufin an ɗebo samfurin daga can cikin farji, M/C/S kuma aiki uku ne aka haɗa. M dubawa ce a madubin lab, wannan a ranar ake yi. C shuka ce, a shafa samfurin a ɗan faranti mai abincin ƙwayoyin cuta a sa a na'ura mai ɗumin jikin mutum, digiri 37, a jira awa 24 zuwa 48 a ga me zai tsiro, shi ya sa suke cewa a dawo bayan kwana biyu ko uku. S kuma gwada magunguna ne a kan abin da ya tsiro.

A ɓangaren madubi za ki ga layin ƙwayoyin mugunya, shi ne mai lamba kamar 2-4/hpf, ma'ana guda biyu zuwa huɗu ake gani a duk leƙe ɗaya na madubin. Sunan ne mai ban tsoro, amma fararen ƙwayoyin jini ne, sojojin jiki, 'yan kaɗan ba komai ba ne. In sun yi yawa har aka rubuta ba sa ƙirguwa to akwai kumburi a wani wuri, sai a nemi dalili. Layin da ya fara da "epi" shi ne ya fi ba ni dariya yanzu, don nawa alama uku ne kuma a gurup wata tace min wannan ai ya ci jiki sosai. Ashe fatar wurin ce da take saɓulewa kullum kamar yadda fatar hannu ke yi, ganinsu ma shaida ce cewa audugar ta taɓa inda ya kamata. Sai layin yis, sai layin T. vaginalis, wato Trichomonas, ƙwayar cutar da ake ɗauka ta saduwa, sai wani da wasu lab ɗin ma ba sa rubutawa, kulu sel suke ce masa. A takardata ta farko babu wannan layin sam, kuma nan ne amsar matsalata take.

Don abin da ke damuna tun farko sunansa BV. Shi ba wata baƙuwar cuta ba ce da aka kwaso a waje, masu gadin ne suka ragu sai wasu ƙwayoyin irin su Gardnerella vaginalis suka mamaye wurin, tsamin ya tafi, pH ya haura 4.5. Alamarsa ita ce dai wadda na lissafo, ruwa tsararo mai toka-toka da ƙarnin kifi, yawanci ba ƙaiƙayi, kuma sau da yawa ƙwayoyin mugunya ba sa yawa a takarda, shi ya sa mace za ta ga rizal kamar lafiya lau alhali tana fama. Dalilin da ƙarnin ke tashi bayan saduwa da bayan al'ada shi ne maniyyi da jini dukkansu suna kashe tsamin wurin. Ba a gane BV da shuka a faranti. A madubi ake ganinsa, fatar wurin za ta fito duk ƙananan ƙwayoyi sun manne mata kamar an barbaɗa wa ƙosai yaji, wannan shi ne kulu sel ɗin. Wasu lab ɗin suna rina samfurin su ba shi maki daga 0 zuwa 10, makin Nugent, in ya kai 7 zuwa sama BV ne. Likitata ma a gabana ta ɗauko wata 'yar siririyar takarda ta auna tsami ta taɓa ruwan, kala ta canza, tace kin gani ko.

Shi kuma ƙaiƙayin da ya zo daga baya Candida ne, wato yis, kuma ni na gayyato shi. Shi ma yana zaune a jikin mata da yawa shiru ba ya komai, ana cewa mace ɗaya zuwa biyu cikin goma suna ɗauke da shi ba alama, kuma kusan uku cikin huɗu na mata sai sun yi fama da shi ko sau ɗaya a rayuwa. Da na ɗura wa kaina antibayotik na sati biyu sai ragowar masu gadin suka mutu, shi kuma maganin ba ya taɓa shi tunda ba irin ƙwayar da yake kashewa ba ce, sai ya samu fili. Ciki ma yana tada shi, ciwon suga ma haka, shi ya sa in yana yawan dawowa mace kamar sau huɗu a shekara ake cewa ta auna suga. Amma in takarda ta nuna yis kaɗan ke kuma ba kya jin komai, yawanci ba a ba da magani.

Toh ina staf ɗin da ya hana ni barci? Staphylococcus aureus a fatar mutum yake zama da cikin hanci, kusan mutum ɗaya cikin uku yana yawo da shi lafiyarsa ƙalau. Audugar nan kafin ta shiga ciki sai ta wuce ta bakin wurin, in ta goga fata ko hannun mai ɗauka bai yi daidai ba, shikenan ya hau, kuma shi mai saurin tsiro ne a faranti. Ba wai ba ya cutarwa ba ne, yana sa maruru, yana ruɓar da ɗinkin haihuwa ko na tiyata, wani lokacin yana sa kumburin farji na gaske mai zafi da ruwa rawaya da mugunya da yawa a madubi, wannan dole a yi magani. Amma staf ɗin masu lasifika, mai yawo a jini shekara goma yana hana haihuwa, wannan a lasifikar kawai yake. Staf in ya shiga jini da gaske mutum ba ya iya zuwa kasuwa, gadon asibiti ne da zazzaɓi mai zafi. Haka E. coli, shi daga hanji yake, maƙwabta ne, shi ya sa ake cewa in za a yi tsarki a fara daga gaba a yi baya, kar a jawo na baya zuwa gaba.

Jerin magungunan ƙasan takarda kuwa shi ne tarkon da na faɗa. S na nufin maganin ya kashe abin da ya tsiro a faranti, R na nufin ƙwayar ta fi ƙarfinsa, wasu lab ɗin alamar tarawa suke sawa maimakon haruffa. Su aikinsu kenan, duk abin da ya tsiro sai su gwada, ko mai laifi ne ko ɗan kallo. Jerin nan na likita ne don in ya ga akwai buƙatar magani ya san wanda zai zaɓa. Ba takardar sayen magani ba ce, amma haka muke kai ta kemis kamar lis ɗin cefane.

Maganina na gaskiya bai kai kuɗin allura ɗaya daga cikin waɗanda na yi ba. Metronidazole, wanda muka fi sani da Flagyl, na sati ɗaya saboda BV, sai na matsawa clotrimazole saboda yis. Flagyl ɗin nan bakina kamar na tsotsi tsohon kwabo, amma kwana huɗu ƙarnin ya ɗauke. Akwai ƙwaya ɗaya ta sha da ake bayarwa ta yis, fluconazole, sai dai ba a ba mai ciki, kuma da yake ina neman ciki a lokacin likita tace mu tsaya a na matsawa. Kar wata ta karanta wannan ta ruga kemis don Allah, ni ma sai da aka duba ni aka sake gwaji.

Inda muka daɗe da likita shi ne maganar gyara. Ta tambaye ni me nake tsarki da shi, na fara da ruwan ɗumi, tace sai me, nace ɗan Dettol, tace sai me, nace wani lokacin ruwan bagaruwa, da lalle, da farin miski bayan al'ada, da wani matsi da aka ba ni tun ina amarya nake saye. Yayata har ta juyar da kai don kunya. Ni a tunanina tsafta nake, har yatsa nake sawa in wanko ciki sau biyu a rana, ashe kullum share masu gadin nake yi, ƙarni ya tashi in ƙara wanki, wanki ya ƙara ƙarni. Wannan maganar na san ba za ta yi wa wasu daɗi ba, don kayan matan nan sana'ar 'yan uwanmu ce kuma iyayenmu ne suka koya mana wasu. Ni dai abin da na gani a jikina nake faɗa. Tun da na koma wanke waje kawai da ruwa zalla na bar ciki ya ji da kansa, sau ɗaya abin ya dawo min. Kuma ba duk farin ruwa ne ciwo ba, wanda yake fitowa garai-garai mai yauƙi kamar farin ƙwai a tsakiyar wata, lokacin da ƙwan mace ke fita ne, na lafiya ne.

Saura maganar maigida, don a gurup saura kaɗan a kashe min aure. Yis da BV ba a lissafa su cikin cututtukan da ke nuna wani ya yi wani abu a waje, budurwa ma tana iya samun yis. Kodayake a 2025 an buga wani bincike da aka yi a Ostireliya da ya nuna in aka yi wa mijin magani tare da matar, BV ba ya yawan dawowa kamar in ita kaɗai aka yi wa, to mai fama da shi yana tafiya yana dawowa tana iya tada maganar da likitanta. Wanda ba wasa a kansa shi ne Trichomonas vaginalis. Wannan ta saduwa ake ɗauka, yana sa ruwa mai kumfa rawaya ko kore-kore da ƙaiƙayi da wari, amma mafi yawan masu shi ba sa jin komai, musamman maza. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta sabbin kamuwa miliyan 156 a 2020 kaɗai. In aka gan shi a takarda to gidan gaba ɗaya ne za a yi wa magani lokaci guda, maigida da uwargida da amarya, a kuma haƙura da juna har a gama, in ba haka ba zagaye zai riƙa yi daga ɗaki zuwa ɗaki. Kuma mutum na iya ɗauke da shi wata da watanni bai sani ba, don haka takardar ba za ta faɗa miki wa ya kawo ba balle yaushe. Bayan gida kuwa da muke ɗora wa laifin komai, ba ta nan waɗannan abubuwan ke shigowa ba.

Wani abin da ban sani ba sai a ranar, HVS ba ya ganin komai da komai. Chlamydia, wata cutar da ake ɗauka ta saduwa, ba ya tsirowa a farantin da aka saba, ƙwayar ciwon sanyi ta ainihi, gonoriya, ita ma a bakin mahaifa take zama kuma tana saurin mutuwa in ta bar jiki. Su biyun nan kuma su ne masu haurawa su toshe hanyar ƙwai a ɓoye, wato hana haihuwar da ake jingina wa staf yawanci aikinsu ne. Gwajinsu daban ne, ko a ɗebo daga bakin mahaifa, ECS kenan, ko a yi na PCR, wanda ke gano cutar ta ƙwayar halittarta ba sai an shuka ba. Haka kuma HVS ba shi ne gwajin kansar bakin mahaifa ba, wata ƙawata ta zata ta jefi tsuntsu biyu da dutse ɗaya, ba haka ba ne. Mai ciki kuma in ta ga an rubuta Streptococcus rukunin B, ita ba lallai ya dame ta ba, amma ta nuna a wajen awo, don jariri ake ji wa, ana sa wa uwar maganin ta jijiya lokacin naƙuda.

In za a je gwajin, a bari jini ya ɗauke, kar a wanko ciki ko a matsa wani abu, a ɗan nisanci maigida kwana ɗaya, kuma in an sha antibayotik a faɗa. Budurwa ta faɗa tun kafin a fara, ba a sa mata robar nan mai kama da bakin agwagwa, daga baki-baki ake ɗauka. Kuma gara a ɗauka a inda za a duba, don shi Trichomonas da motsinsa ake gane shi a madubi, in aka ba ki sandar kika sa a jaka kika tsaya sayen kayan miya, kafin ki kai ya daina motsi sai a rubuta ba a gani ba. Wadda kuma take da zazzaɓi da ciwon mara, ko jini bayan saduwa, ko jini bayan ta daina al'ada, ko mai cikin da ruwa ke zubo mata, wannan ba ta lab ba ce, asibiti za ta wuce a ranar.

Na koma bayan wata guda aka sake dubawa, takarda ta fito da epi alama biyu, mugunya 1-2, sai wani abu da suka rubuta da ke nufin ƙwayoyin gida ne kawai suka tsiro. Wannan karon ban tura gurup ba. Jarkar Anti kuwa rabi na sha, ragowar ta yi wata uku a saman firji maigida yana tambaya wai wannan zoɓon na waye, ranar da na gaji na tuttular a kwata na wanke ta, yanzu man gyaɗa nake zubawa a ciki.